Honda Super Cub C125: wata uku da shi a titunan Kano

Ranar farko da na fita da babur ɗin nan, na kafe shi a gindin wata bishiya kusa da Ƙofar Mata na shiga masallaci sallar la'asar. Da na fito sai na tarar da wani dattijo ya goya hannu a baya yana kewaya shi, yana leƙen fitila, yana duban salansa. Bayan mun gaisa ya ce, "Malam, wannan roba-roba wane mai fenti ne ya yi maka aikinsa?" Na ce, "Baba, ai haka ya fito daga kamfani." Ya ƙara sunkuyawa har ya ga tambarin fiffiken Honda, sannan ya ce irinsa ya hau a zamanin da yake aiki a masaƙa a Bompai, sai dai nasa bai kai wannan ƙyalli ba.

Tambayar dattijon nan ce ta yi ta dawo mini tsawon wata ukun da babur ɗin ya yi a hannuna. A Turai da Amurka mai sayen Super Cub C125 begen zamanin da ya wuce yake saye, domin wannan siffa ta daɗe da ƙaranci a titunansu. A Kano kuwa siffar ba ta taɓa zuwa ko'ina ba. Malamin makaranta, da yaron shago a Kantin Kwari, da magidanci mai kai yara Islamiyya, duk a kan roba-roba ƙirar Sin suke yawo, kuma shi roba-roban, tun daga kwantaccen injinsa har zuwa farar robar da ke kare ƙafa, daga zanen Super Cub aka ɗauko shi. Saboda haka a garinmu kwalliyar tsohon yayi kaɗai ba za ta ishe shi hujja ba, dole ne ya nuna a kan kwalta abin da ya fi 'yan uwansa da shi.

Asalin gidan ya kamata a sani, domin kusan duk abin da mutum zai ji a jikin babur ɗin yana da dalili a can. A shekarar 1958 ne Soichiro Honda da abokin kasuwancinsa Takeo Fujisawa suka fitar da Super Cub na farko a Japan, mai lamba C100, da ƙaramin inji na cc 49 wanda ba a gauraya masa fetur da baƙin mai kamar yadda ake yi wa ƙananan baburan wancan lokaci. Fujisawa ya so abin hawa da yaron mai kai taliya zai iya tuƙawa da hannu ɗaya alhali ɗayan yana riƙe da faranti, shi ya sa aka yi shi babu kuloci a hannu, giya kawai ake takawa. An ba shi manyan ƙafafu masu inci 17 saboda galibin hanyoyin Japan a lokacin ba su da kwalta, aka kuma buɗe tsakiyarsa domin mai siket ta hau ba tare da ɗaga ƙafa ba, abin da mai babbar riga a nan ya daɗe yana cin moriyarsa bai san don wa aka yi ba. A shekarar 2017 adadin Super Cub da aka ƙera ya kai miliyan 100, kuma babu wani abin hawa mai inji da ya taɓa kai wannan adadi a tarihi. Shi C125 an fito da shi ne a 2018 lokacin cikar gidan shekara sittin, kuma a Tailan ake haɗa shi.

Wanda na hau ƙirar 2022 ne, na wani yayana ɗan kasuwa wanda ya sako shi cikin kayansa daga waje don sha'awa, sai tafiya ta kama shi, ya bar mini makulli ya ce kada in bari ya zauna. Na karɓe shi a ƙarshen damina, na riƙe shi har sanyin hunturu ya shigo, don haka ya ga taɓo ya kuma ga ƙura. Zirga-zirgata ta kullum daga Gadon Ƙaya ce zuwa wajen Bompai, da shiga cikin gari wajen dangi a ƙarshen mako.

Idan aka ajiye shi kusa da roba-roba na kasuwa, daga nesa kamar wa da ƙane suke, amma da an matso bambancin yana bayyana a wuraren da ido ba ya saurin zuwa. Robobinsa sun haɗu baki da baki babu giɓi, fentin yana da kauri da zurfi, wayoyin lantarki da na birki an ɓoye su cikin kan babur ɗin ba su rataye ba. Fitilar gaba kewayayya ce irin ta da, amma ƙwanta na zamani ne mai farin haske wanda ba ya cin batir, kuma da daddare a titin Gwarzo na ga amfaninta. Agogon gudu mai allura ne, a tsakiyarsa akwai ɗan allo mai nuna yawan mai da kuma giyar da ake ciki. Wannan na ƙarshen ƙaramin abu ne, amma duk wanda ya taɓa tashi a danja da giya ta uku a kan roba-roba, injin yana kakari 'yan sahu suna danna masa hon, ya san darajarsa. Sarƙar kuma an rufe ta ruf cikin kwanso, wanda a garin da ƙurar hunturu ke cin sarƙa kamar gara ba ado ba ne kawai.

Injin na cc 124 ne, iska ke sanyaya shi, kuma ƙarfinsa bai cika doki goma ba. Wanda ya karanta wannan adadi zai ce ai babu wani abin a zo a gani, kuma da gaskiyarsa idan gudu yake nema. Abin da ya sa na ƙaunaci injin shi ne natsuwarsa. Ba ya da kabureta, na'urar fesa mai ce ke auna abin da zai sha, saboda haka da asubar hunturu, lokacin da maƙwabta ke ta buga kik suna jan cok, shi taɓa maɓalli ɗaya ya ishe shi, ya tashi ya zauna da sauti ƙasa-ƙasa kamar keken ɗinki da aka sa wa mai. Honda sun ce sun yanka haƙoran giyar da ke ɗauko ƙarfi daga inji a karkace don rage ƙara, sun kuma sa roba a inda kan babur da kujera suke haɗuwa da ƙarfen jiki, kuma tafin hannu yana gaskata su. A gudun kilomita 40 zuwa 60, wanda shi ne ainihin gudun cikin Kano, madubi ba ya rawa, yatsu ba sa yin sanyi, kuma mutum zai iya tahowa daga Kabuga har shataletalen gidan Murtala bai ji an girgiza masa kafaɗa ba.

Giyarsa huɗu ce, ana taka gaba da yatsu don hawa, a taka baya da dunduniya don saukowa, tsarin da ba baƙo ba ne ga ɗan Kano. Amfanin takawa da dunduniya ga mai takalmin fata buɗaɗɗe ko mai sau-ciki na zuwa ofis shi ne ba a ɗaga ƙarfe da saman ƙafa, don haka takalmi ba ya gogewa. Akwai dai abin da sai an koya. Tsakanin ta ɗaya da ta biyu, idan mutum ya yi garaje bai sassauta totur sosai ba, babur ɗin zai ɗan yi tsalle da shi, kuma haka dukan 'yan gidan suke, domin kulocin yana buɗewa ne daidai lokacin da ƙafa ta danna. Da na gane cewa sakin ƙafar a hankali shi ne daidai da sakin kuloci a hankali, sai canjin ya koma sumul, har na riƙa saukowa daga ta huɗu zuwa ta uku kafin kwana ba tare da tayar baya ta yi ƙara ba. Ya ɗauke ni kamar mako guda.

Inda babur ɗin ya fi nuna kansa shi ne cikin cunkoso. Tun da gwamnatin jiha ta hana goyo a kan babur a cikin birni a watan Janairun 2013, bayan harin da aka kai wa tawagar marigayi Sarki Ado Bayero, acaɓa ya ja baya, adaidaita sahu ta mamaye titi, kuma wanda ke tuƙa babur a Kano yau a tsakanin 'yan sahu yake rayuwarsa, waɗanda kan tsaya a duk inda fasinja ya ɗaga hannu ba tare da sigina ba. A nan nauyinsa na kilo 110 da kuma yadda injin ya kwanta can ƙasa suke aiki. Ana iya tafiya da shi a hankali kamar mai tafiya a ƙasa ba tare da an sauke ƙafa ba, kan yana juyawa sosai, kuma tun da babu kuloci a hannu, awa guda a gosulon Kwari ko bakin Singa ba ta barin hannun hagu da ciwo. A lungunan Yakasai da Mandawari, inda kwata ke tsakiyar hanya yara kuma ke ɓullowa daga zaure ba sallama, na sami kaina ina tafiya da giya ta biyu cikin kwanciyar hankali, kuma rashin ƙararsa ya sa tsofaffin da ke zaune a dakali ba sa bin mutum da harara.

Birkin gaba na faifai ne, kuma yana da na'urar nan da ke hana taya kullewa, wadda ake kira ABS. Na san amfaninta ne wata safiya a wajen Ɗorayi, inda ruwan sama ya kwaso yashi ya shimfiɗa a kan kwalta, wani ɗan sahu ya yanke gabana. Na damƙe birki da ƙarfin da a kan wani babur zai kwantar da ni, sai na ji hannun birkin yana ɗan bugawa cikin yatsuna, tayar gaba kuma ta ci gaba da juyawa har na tsaya a miƙe. Na baya birkin ganga ne na gargajiya, ba shi da wannan na'ura, kuma aikinsa madaidaici ne, ba yabo ba fallasa.

Batun laushin tafiya kuwa sai an raba shi biyu. A kan kwalta mai kyau, irin ta State Road ko saman gadar Ƙofar Nassarawa, da kuma ƙananan gyare-gyaren faci da gargada mara zurfi, manyan ƙafafunsa suna haɗiye komai, babur ɗin yana tafiya a miƙe ba ya neman a riƙa gyara masa hanya. Kujerar mai kauri ce, tsayinta daga ƙasa santimita 78, mutum matsakaici yana dire ƙafa biyu, kuma zaman a miƙe yake kamar a kujerar falo, baya ba ya gajiya. Amma shokozobansa gajeru ne, na baya ba su kai tafin hannu ba wajen nitsewa, don haka idan aka faɗa rami na gaske, irin waɗanda damina kan bari a hanyoyin unguwanni, dukan yana isowa har ƙugu. Tsakanin cikinsa da ƙasa ma babu nisa sosai, kuma tudun rage gudu da mutanen unguwa kan gina da kansu, wanda wani lokaci ya fi kama da katanga, sai an hau shi a karkace kuma a hankali. Mai Boxer zai bi ta wurin bai ma lura ba, domin an yi Boxer ne don ɗaukar buhu a hanyar ƙauye, shi kuwa wannan an yi shi don birni mai shara.

Ƙafafun nasa na zubin alminiyon ne, babu wayoyi, tayoyin kuma marasa cub. Alherin hakan shi ne ƙusa ba ta sace iska nan take. Na taɓa kwana biyu da ƙusa a tayar baya kafin in lura, mai faci kuma ya toshe ta cikin minti kaɗan bai kwance komai ba. Abin tsoron shi ne ƙafar zubi ba ta lanƙwasa a miƙe ta kamar mai wayoyi, idan rami ya yi mata mummunan duka tana iya tsagewa, kuma maye gurbinta ba aikin yini ɗaya ba ne a nan.

Sau ɗaya na fita da shi bayan gari, zuwa Wudil. Yana riƙe kilomita 70 zuwa 80 ba tare da kuka ba, kuma na ga allurar ta leƙa 90 a inda hanya ta miƙe, amma daga nan babu sauran abin da totur zai bayar, kuma idan tirela ta wuce iskarta tana ture mutum gefe kamar kara. Ya je ya dawo lafiya, sai dai ban ji sha'awar maimaitawa ba, kuma ba zan ba kowa shawarar ya kama hanyar Zariya da shi ba.

Tun da aka cire tallafin man fetur a ranar 29 ga Mayun 2023, tambayar farko da Bakano ke yi game da kowane abin hawa ita ce shan mai, kuma a nan babur ɗin ba shi da abin kunya. Kamfanin ya ce lita ɗaya tana kai shi wajen kilomita 66 a gwajinsu. Ni a tsaye-tsayen cikin gari ban kai haka ba, amma ban yi nisa da shi ba, kuma cika tanki ɗaya kan kai ni mako. Tankin dai ƙarami ne, lita 3.7, yana ƙarƙashin kujera, kuma a lokacin da gidajen mai suka rufe ko layi ya yi tsawo, ƙaramin tanki yana tura mutum wajen 'yan bumburutu. Wannan kuwa shi ne abin da ya kamata mai irin wannan inji ya guje wa. Kabureta idan ta sha datti bakanike zai kwance ta ya hura ya mayar cikin rabin awa, amma famfon mai da bakin fesawa ba sa yafe gurɓataccen fetur, kuma gyaransu canji ne. Na mayar da shi ƙa'ida in sha mai tun allon yana nuna rabi.

Makullinsa ma na zamani ne, ba a zura shi, yana aljihu ake murɗa maɓalli babur ya buɗe, kuma idan aka danna shi sigina na ƙiftawa, abin da ke taimakawa ranar Juma'a lokacin da ɗaruruwan babura suka jeru a bakin masallaci. A garin da satar babur ba labari ba ce, ɓarawo mai makullin ƙarya ba shi da ramin da zai zura, ko da yake babur mai kilo 110 mutum biyu za su iya ɗaga shi su sa a bayan mota, don haka ban daina ɗaure shi da sarƙa ba. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne babu kik ko kaɗan. Komai ya dogara ga batir, kuma zafin watan Afrilu a Kano ba ya raga wa batir. A wata ukun nan bai taɓa ƙin tashi ba, amma wanda ya girma yana ganin kik a matsayin abin da ake komawa gare shi idan komai ya ƙi, ba zai rasa ɗan ɗar-ɗar ba.

Na kai shi wajen bakanikena don canjin baƙin mai, mutumin da ya shekara fiye da ashirin yana kwance injin roba-roba har ya iya yi ido rufe. Ya dube shi ya ce, "Yallaɓai, ƙasan nan duk na sani, saman ne ban sani ba." Gaskiya ya faɗa. Canjin mai, da gyaran bawul, da ɗaure sarƙa, da takalmin birkin baya, duk aikin da ya saba ne. Amma na'urar fesa mai, da ta birki, da ta makulli, suna buƙatar kwamfutar gwaji da kayan da ba a ajiye su a shagunan kayan babur na gari. Honda suna da masana'anta a Ota ta jihar Ogun tun 1979, kuma baburansu na aiki irin su Ace ana samun kayansu, amma C125 ba ya cikin abin da aka saba gani a kasuwarmu, saboda haka ko robar gefe ce ta fashe sai an yi odar ta daga waje an jira.

Sai maganar goyo, wadda a wurin magidanci ita ce ke yanke hukunci. Ƙirar farko da aka kai Amurka kujera ɗaya ce tak, na hannuna kuwa yana da ɗan matashi a baya da wurin sa ƙafa. Yaro ɗan firamare zai zauna daidai. Babban mutum kuwa zai zauna ne don dole, shokozoban baya su nitse, injin kuma ya fara neman giya ta uku a hawan gada. Babu dogon sit ɗin nan da ake jera yara uku a kai a kai su makaranta, babu kuma faffaɗar kariyar ɗaure buhun shinkafa daga Singa. Babur ne na mutum ɗaya da jakarsa.

A nan ne lissafi ke rabuwa da sha'awa. Lokacin da aka fara sayar da shi a Amurka a 2019 kuɗinsa dala 3,599 ne, kuma idan aka ɗora kuɗin jirgi da na kwastan a kan canjin yau, abin da zai ci ya isa a sayi roba-roba sababbi da dama a raba wa 'yan uwa. Duk inda C125 zai kai mutum a cikin Kano roba-roba zai kai shi, da mai kusan ɗaya, da kayan gyara a kowace kwana. Abin da ƙarin kuɗin ke saya shi ne shirun injin, da birkin da ya tsayar da ni a kan yashin Ɗorayi, da jikin da bayan wata uku a kan hanyoyinmu babu robar da ta fara kaɗawa ko ƙusar da ta kwance, da kuma yadda mutum kan isa wurin aiki bai ji an wahalar da shi ba. Ga ma'aikaci ko ɗan kasuwa da yake da motar iyali a gida, yake neman abin da zai ratsa da shi cikin gari shi kaɗai, kuma yake da haƙurin jiran kaya daga waje, ban san wani ƙaramin babur da ya kai shi daɗin zama ba. Ga wanda babur ɗaya ne zai yi masa cefane da kai yara da zuwa ƙauye, ba nasa ba ne.

Da yayana ya dawo na kai masa shi a wanke, na miƙa makulli. Ya tambaye ni yadda na same shi, na ce, "Yaya, idan ka tashi sayarwa kada ka kai shi kasuwa kafin ka gaya mini." Ya yi dariya ya ce ai ni ne mutum na huɗu da ya faɗa masa haka. Washegari na koma kan nawa roba-roban, na buga kik sau uku kafin ya tashi, kuma tun kafin in kai Kabuga na lura, a karo na farko cikin shekara shida da nake hawansa, cewa madubinsa na dama rawa yake yi.